Hayar baki da hayar takarda

Juma'ar da ta wuce ƙanwata ta kira ni daga Maradi, muryarta na rawa. Mai gidan da suke haya a unguwar Zariya ya aiko yaro da saƙo: su tashi ƙarshen wata, ɗansa zai yi aure. Shekara huɗu suna gidan, wata bai taɓa mutuwa da bashi a kansu ba, mijinta ne ma ya sake daɓen tsakar gida da kuɗinsa. Na ce ina takarda? Ta ce, "Yaya, wace takarda? Gaban dillali aka yi magana, shi ke nan." Ga damina ta kankama, ga yara uku.

Ni a Liyon nake haya, a Faransa, kuma tun ranar nake ta juya maganar a raina. A nan dokar 6 ga Yuli 1989 ce ke tsakanin mai gida da ɗan haya. Gidan da babu kaya a ciki, in na mutum ne ba na kamfani ba, wa'adinsa shekara 3 aƙalla. Mai gida yana da ikon karɓar gidansa don ɗansa ya shiga, wannan ba laifi ba ne ko a nan. Sai dai ya jira wa'adi ya cika, ya sanar a rubuce wata 6 kafin lokacin, ya faɗi dalili. Kuɗin ajiya ba ya wuce hayar wata ɗaya. Ranar da na karɓi makulli, ni da mai gidan muka bi ɗaki ɗaki muna rubuta duk abin da ido ya gani, har tsagewar da ke jikin tagar kicin, muka sa hannu. Ranar fita da wannan takardar za a gwada, in komai daidai ne a maido mini da kuɗina cikin wata ɗaya. Wanda ya kasa biya ma, alƙali ne kaɗai ke yanke hukuncin fitar da shi, kuma daga 1 ga Nuwamba zuwa 31 ga Maris, lokacin sanyi, ba a fitar da mutum kan titi. Da na fara jin wannan, watan Agustan Maradi na tuna.

Amma kada a ce na zo yabon Turawa. Kafin in samu ɗakin nan na sha wuya: takardun albashi, wanda zai tsaya mini, kuma yawancin masu gida suna son albashinka ya ninka haya sau uku. Baƙo marar kowa sai ya yi watanni yana kwana gidan abokai. A Maradi kuwa ɗalibi ya sauko daga Dakoro ko Tasawa don Jami'ar Ɗan Dikko Ɗanƙulodo, wani dattijo ya ce "yarona ne", kafin magariba ya samu ɗaki. Na san masu gida a Bagalam da ke haƙurin wata uku da huɗu in kasuwa ta tsaya wa mutum, ba tare da maƙwabci ya ji ba. Wannan mutuncin ba na so mu rasa shi.

Damuwata ita ce mutuncin yana hannun mutum ɗaya. In mai gida ya so ya yi, in bai so ba ɗan haya ba shi da abin riƙewa. Shi ma mai gidan yana cutuwa, don akwai masu gudu da dare da bashin haya da na wuta. Nijar tana da dokar haya tun 1996, amma mutum nawa a Ali Ɗan Sofo ko Mokoyo suka taɓa jin abin da ke cikinta? Mu da Alƙur'ani ya umarce mu da rubuta bashi, me ya sa neman takardar haya ya zama kamar zargi?

Warƙa ɗaya ta isa, da Hausa, boko ko ajami: haya jika nawa, ajiya nawa, gyaran rufi na kan wa, wata nawa za a ba mutum kafin ya tashi. Shaidu biyu, da sa hannun mai unguwa. Dillalin da ke karɓar la'ada shi ya kamata ya kawo ta.

Mijin ƙanwata ya je da limamin unguwa, an samu mai gidan ya ƙara musu wata biyu. Na rubuta musu irin wannan warƙar na aika ta WhatsApp, na ce duk gidan da za su kama, su nuna ta kafin su ba da ko dala.