Ƙarfen sabis ya tsaya, amma ƙarar maƙwabta ba ta mutu ba

'Yan makonni sun ishi kamfani ya haƙa rami, ya zuba kankare, ya kafa turken sadarwa, wanda jama'a suka fi sani da ƙarfen sabis, a tsakiyar unguwa. Ita kuwa ƙarar da maƙwabta suka shigar, kafin a gama jayayya kan wace kotu ke da hurumin sauraronta, ta tarayya ko ta jiha, shekara na iya zagayowa. Ranar da aka zauna, lauyan kamfani zai miƙe ya ce aikin gama ya gama, domin sananniyar ƙa'ida ce a kotunan Najeriya cewa ba a bayar da umarnin hana abin da aka riga aka kammala.

Ƙa'idar tana da muhallinta. Idan kamfani ya fasa aikin, ko hukuma ta soke izininsa, hakika babu sauran abin da alƙali zai yanke. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a ɗauki kammala gini daidai da waɗannan, alhali ranar da aka kunna ƙarfen ce wahalar maƙwabci ke farawa.

Ba batun cutar daji nake yi ba. Tun 2006 Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babu gamsasshiyar hujja cewa siginar waɗannan turaku na cutar da lafiya, kuma mai ƙarar da ya jingina da wannan kaɗai ya raunana kansa. Ina magana ne a kan janaretan da ke ruri dare da rana a bayan ɗakin kwana, da hayaƙinsa, da man dizal da ke iya tsiyaya ya gurɓata rijiya, da fargabar kada iskar farkon damina ta kayar da turken. Sannan ga batun tazara. Ƙa'idojin hukumar sadarwa ta NCC na 2009 sun ce mita 5 tsakanin turke da gida, dokokin hukumar muhalli ta NESREA na 2011 kuma suka ce mita 10, har ta kai a 2012 NESREA ta rufe wani turke a Abuja, NCC ta zo ta buɗe. Tambayar da hukumomin tarayya biyu suka yi saɓani a kanta ba za ta zama ta banza ba don kawai kankare ya bushe.

Kotun Ƙoli ta riga ta nuna hanya tun 1986, a shari'ar gwamnan soja na Legas da Ojukwu, inda ta yi tir da yadda gwamnati ta fitar da Ojukwu daga wani gida a unguwar Ikoyi da ƙarfin tsiya alhali magana na gaban kotu. Kamfanin da aka miƙa wa sammaci, sai ya ƙara ma'aikata don ya riga alƙali, irin wannan riga-malam-masallaci ya yi, kuma kotu na da ikon umartarsa ya mayar da wuri yadda yake.

Lauyoyin unguwa ma da nasu laifin. Wanda ya roƙi a dakatar da gini kawai ya ba kamfani ƙofar fita. Kamata ya yi tun a takardar farko a nemi kotu ta bayyana cewa izinin ya saɓa doka, a cire turken idan tazara ba ta cika ba, a kuma biya diyyar ɓarnar da aka yi wa rijiya da barcin mutane.