Wa Ke Biyan Mai Kyamara Kuɗin Jira?

Abin da ya kusanta ni da masu kyamara a nan Ingila fassara ce, ban taɓa saɓa kyamara a kafaɗa da sunan sana'a ba. Kamfanonin da ke shirya fina-finan gaskiya, waɗanda ake kira dokumentari, sukan dawo daga Najeriya ko Nijar da sa'o'i barkatai na hira da Hausa. Sai a nemo irina a zaunar da shi a ɗakin tace hoto, a ɗora masa abin sauraro a kunne, ya yi ta rubuta abin da aka faɗa da minti da daƙiƙar da aka faɗe shi. Mai wannan aiki yana ganin abin da ɗan kallo ba zai taɓa gani ba, wato ɗanyen hoto tun almakashi bai taɓa shi ba. Ta cikin riga ake gane tela, ta ɗanyen hoto kuma ake gane mai kyamara.

Wata rana ina fassara hirar wata tsohuwa da ɗanta ya tafi neman kuɗi ya ɓace. Tana cikin magana sai ta yi shiru, ta sunkuyar da kai tana murza gefen mayafinta. Na saba idan aka zo irin wannan wuri hoton ya girgiza, ko a yanke, ko wani ya jefo sabuwar tambaya don ya cike gurbin. Wannan karon kyamarar ko motsi. Na duba agogon da ke gefen allo, shirun ya haura daƙiƙa arba'in. Can sai na ji wata murya ƙasa-ƙasa daga bayan kyamara: "Inna, ba sauri muke ba." Ta ɗago, ta dubi gefe, sannan ta faɗi maganar da daga baya aka gina rabin fim ɗin a kanta. Baturiyar da ke tace hoton ta tsayar da na'ura ta juyo ta tambaye ni abin da ya ce mata. Da na gaya mata, sai ta ce wanda ya ɗauki wannan ya san aikinsa.

Wani saurayi ne ɗan ƙasa da aka ɗauka na 'yan kwanaki, saboda mai kyamarar kamfanin bai samu zuwa yankin ba. Da fim ɗin ya fito na zauna na jira sunaye a ƙarshe. Sunansa yana can ƙasa, cikin jerin waɗanda aka yi wa godiya, tsakanin direba da mai masauki.

Tun ranar nake tauna bambancin da ke tsakanin mai kyamara a can da takwaransa a nan. Duk wanda na tayar wa zancen a cikin 'yan uwa amsa ɗaya yake ba ni: kayan aiki. Wai su suna da manyan kyamarori, mu muna fama da 'yan ƙanana. A da wannan magana tana da ƙamshin gaskiya, yanzu ta tsufa. Tun da Canon ya fito da 5D Mark II a 2008, ƙaramar kyamarar hoto ta soma ɗaukar bidiyon da ake haskawa a manyan tashoshi, tazarar ta yi ta raguwa. Sony ɗin da na gani a hannun masu ɗaukar shirye-shirye a Landan ita nake gani a hotunan lokeshan da 'yan Kannywood ke sakawa a Facebook. A ganina inda aka bar mu a baya shi ne lokaci, da kuma wanda ke biyan kuɗinsa.

Fim ɗin gaskiya sana'ar jira ce. A wasan kwaikwayo darakta na iya cewa a sake, a sake, har sau goma. Tsohuwar nan ba za ta sake yin wancan shirun ba ko da za a ba ta duniya. Sashen BBC mai ɗaukar namun daji, wanda aka kafa a Biristol a 1957, a kan jira ya gina sunansa. Shirin Planet Earth da aka haska a 2006 ya ci kusan shekara biyar ana aikinsa. Mutum zai shiga 'yar bukkar ɓuya ya yi makonni yana dakon dabba guda, wata rana ya tashi bai danna komai ba, kuma ladan wannan ranar yana cikin lissafi tun kafin ya bar gida. A can gida kuwa kyamarar haya ce ta kwana, fitilu haya, mota haya, furodusa yana tsaye a kanka yana duba agogo. Wanda ya ce a dakata rana ta sauka haske ya yi laushi, sai a ce ya cika iyayi, gobe a kira wani. Ba rashin ido ne ke damun yaranmu ba. An horar da su ne a kan cewa jira asara ce, kuma a tsarin da suke ciki asarar ce da gaske.

Sai maganar suna. A wajenmu kamaraman ake ce masa, kuma a idon mutane da yawa ɗan aiken darakta ne, tsaya nan, matsa can. Ɗan kallo zai lissafa maka jarumai da mawaƙa har da masu ba da umarni, amma tambaye shi wa ya ɗauki fim ɗin da ya fi so, sai ya yi ta susar ƙeya. A nan sana'ar tsani gare ta. Ana farawa da ɗaukar jaka da cajin batir, a zama mataimaki, a koma mai riƙe kyamara, kafin a kai matsayin daraktan ɗaukar hoto, wanda shi ke yanke shawara a kan haske da gilashin da za a ɗaura da inda kyamara za ta tsaya. Suna da ƙungiyarsu, BSC, tun 1949, kuma ba a sayen fom a shiga, gayyatar mutum ake yi in aikinsa ya kai. Ta Amurka, ASC, ta girme ta da shekara 30.

Abin da ya fi burge ni shi ne manyan cikinsu da dama daga fim ɗin gaskiya suka taso. Roger Deakins, da ya gama makarantar fim ta ƙasa da ke Beaconsfield, ya yi shekaru yana ɗaukar dokumentari, har yaƙin Rodeshiya, wato Zimbabuwe ta yanzu, da na Eritiriya, ya kuma yi wata tara a jirgin ruwa yana ɗaukar gasar zagaya duniya. An sa sunansa a takarar Oscar sau 13 yana faɗuwa kafin ya ci a 2018 da fim ɗin Blade Runner 2049, ya sake ci a 2020 da fim mai suna 1917. Chris Menges ma a shirin binciken labarai na World in Action ya goge, ya shiga dazukan ƙasar Burma, sannan ya zo ya ci Oscar biyu da The Killing Fields da The Mission. Wanda ya saba da wurin da ba a cewa a sake, in ya zo inda ake da fitilu da lokaci, wasa yake yi. Mu kuwa mun ɗauki dokumentari aikin da ake yi wa ƙungiyoyin agaji a samu na cefane kafin fim na gaske ya samu.

Abin mamaki, ta wannan ƙofar fim ya shigo mana. Kakanninmu ba da labarin soyayya suka fara ganin hoto mai motsi ba, da majigi suka fara, motar da ke yawo gari-gari tana haska fina-finan tsafta da noma da labaran gwamnati. William Sellers, jami'in lafiya da ya fara wannan aiki a Najeriya, shi ya jagoranci sashen fina-finan mulkin mallaka da aka kafa a 1939. Farfaganda ce, ba musu, amma ta bar mana ma'aikatan da suka iya kyamara, waɗanda talabijin ta gada da aka buɗe ta a Ibadan a 1959, a Kaduna a 1962. Mutanen wancan zamani da fim na milimita 16 suke aiki, nadi guda mai ƙafa 400 minti 11 kacal yake ɗauka. Kafin ka danna sai ka san abin da kake nema. Yau katin ajiyar hoto ɗaya yana cin sa'o'i, shi ya sa nake samun kaina ina fassara hirar awa uku da ba a tsinci minti biyu a cikinta ba, kuma wannan cutar ba ta bar Bature ba.

Kada mai karatu ya ɗauka nan aljanna ce. Yawancin masu kyamara a Ingila ba ma'aikatan kowa ba ne, 'yan kwangila ne, yau akwai gobe babu. Da yawa da bashi suka sayi kayan aikinsu, kuma kafin su gama biya an fito da sabon samfuri da tashoshi ke nema. A 2023 aiki ya tsaya cik a ɓangaren shirye-shiryen da ba na wasan kwaikwayo ba, har ƙungiyar ƙwadagonsu, Bectu, ta ce lamarin ya kai na gaggawa. Na san mutumin da ya shekara 20 yana ɗaukar shirye-shirye, a wannan shekarar ya koma rarraba kaya da mota. Ga kuma sabon salon tsuke bakin aljihu, a ba mutum ɗaya kyamara da makirfo da takardar tambayoyi, shi ne darakta, shi ne mai sauti, shi ne mai ɗauka. Da na ga haka na yi dariya a raina, na ce ashe abin da muke yi don dole su ma sun iso gare shi, suna kiransa ci gaba.

Akwai kuma abin da namu suka fi su, ko an ƙi ko an so. Baƙar fuska a ƙarƙashin farar hula da tsakar rana jarrabawa ce. Ka bi fuskar, tufafin su ƙone su zama fari fat. Ka bi tufafin, fuskar ta nutse. Kamfanin Kodak ya daɗe yana auna launin hotunansa da katin da ke ɗauke da hoton farar mace, don haka kayan aikin kansu ba da fatarmu aka gwada su ba. Na sha ganin ɗanyen hoton baƙo ƙwararre da fuskokin mutane suka zama inuwa, na kuma ga na yaron da ko makarantar fim bai taka ba, ya ja mutum gindin bishiya, ya sa wani ya riƙe farin kwali daga gefe, fuskar ta fito da kyanta. Ga harshe. Babu gilashin da zai ba ka abin da "Inna, ba sauri muke ba" ta bayar. Baƙo yana jiran tafinta ya gaya masa abin da aka ce, kafin nan abin ɗauka ya wuce.

In ana neman wanda za a yi koyi da shi, ni ba Deakins zan nuna ba, Mohamed Amin zan nuna, ɗan Kenya. Shi ya ɗauki hotunan yunwar Habasha a Korem a watan Oktoban 1984, waɗanda BBC ta haska da muryar Michael Buerk, suka girgiza duniya har aka yi gangamin mawaƙa na tara tallafi, Live Aid, a 1985. Ya rasa hannunsa na hagu a 1991 sa'ad da rumbun makamai ya fashe a Addis Ababa, aka sa masa na roba ya koma bakin aiki. Ya rasu a 1996 a jirgin Habasha da aka yi fashinsa ya faɗa teku kusa da tsibiran Komoros. Jarumtarsa kowa na faɗa. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne tun 1963 ya kafa kamfaninsa, Camerapix, ya riƙe hotunansa a hannunsa. Shi ya sa har yau taskarsa tana nan, miliyoyin hotuna da dubban sa'o'in bidiyo, kuma duk mai so sai ya nemi izini ya ambaci sunansa.

Kirsten Johnson, Ba'amurkiya, ta yi shekara 25 tana ɗaukar wa wasu fina-finansu. A 2016 ta tattara guntattakin da ta ɗauka a ƙasashe daban-daban ta haɗa fim nata mai suna Cameraperson. A ciki akwai wata ungozoma a wani asibiti a Kano tana fafutukar ganin jariri ya yi numfashi, kana jin numfashin mai kyamarar ita ma ya ɗauke. Ina kallo ina tambayar kaina, cikin masu kyamararmu da suka shekara 25 suna bin ambaliya da zaɓe da sansanin 'yan gudun hijira, wa zai iya haɗa irin wannan? Abin da suka gani ya ninka nata. Amma katin an miƙa wa mai aiki, ko an goge an ɗora wani aikin a kai, babu takardar da ta ce yana da haƙƙin ko daƙiƙa ɗaya. Goge tarihi ba mu kaɗai muka yi ba, BBC kanta ta goge kaset-kaset masu yawa a shekarun 1960 da 1970 don ta sake amfani da su, tana cizon yatsa har yau. Su dai sun daina.

Na nemi lambar saurayin nan daga baya, na kira shi na gaya masa abin da Baturiyar ta faɗa. Ya yi dariya, ya ce, "Allah Yaya? Ai ni batir nake tsoro a lokacin, saura layi ɗaya, ina ta addu'a kada ya mutu kafin ta yi magana." Na tambaye shi ko ya ga fim ɗin. Ya ce tashar ba ta kamawa a wajensu, katin kuma tun a filin jirgi suka karɓa. Sai ya ce in taimaka in ɗauko masa wurin tsohuwar da waya daga talabijin in turo masa, yana so ya ga yadda hasken ya fito, don a ranar akwai hazo kuma bai yarda da allon kyamarar ba.