Kalandar Mai Barci

Assalamu alaikum 'yan'uwa.

Shekaranjiya bayan isha'i muna shan shayi a Shara Mansur, nan Makka, sai ɗan yayata ya zo da wani zance. Tura keken tsofaffi yake yi a Harami, aikin dare, sai an sallame asuba yake komawa gida, wani lokaci kiran la'asar ke tashinsa. Ya ce, "Kawu, ni fa na yi wa kaina kalanda. Duk sanda na farka sabuwar rana ce. In na yi barci biyu, kwana biyu ke nan. Daren da na yi mafarkin Kano kuwa, wata ya tsaya." Na ce to yau nawa ga wata? Ya ce ai bai yi mafarkin ba tukuna, tsohon wata yake ci har yanzu. Kowa ya yi dariya, har da ni.

Da na koma gida abin ya tsaya mini a rai. Hausa ma ta ba shi ƙafa, domin da kwana muke ƙirga ranaku: kwana uku, kwanan wata, ina kwana. In mutum ya rasu mu ce kwana ya ƙare. Sai dai kwanan Bahaushe daren kowa da kowa ne, wanda ya yi barci da wanda ya kwana ido biyu duk kwana ɗaya suka yi.

Mai barci bai iya lissafi ba, Alƙur'ani ya nuna mana haka. As'habul Kahfi sun kwanta shekara 300 da ƙarin 9, da suka farka ɗayansu ya tambaya nawa suka zauna, suka ce yini ɗaya ko wani yanki na yini. Bayin Allah ne na ƙwarai, ba ƙarya suka yi ba, iyakar abin da suka ji a jikinsu ke nan. Har suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfarsu ya sayo abinci, suna jan kunnensa kada kowa ya gane su, alhali mutanen da suke tsoro ƙasa ta daɗe da rufe su. Wasu malaman tafsiri sun lura cewa shekara 300 ta rana ita ce 309 ta wata, tunda shekarar Hijira kwana 354 ce ko 355. Lissafin yana tafiya daidai a sama, masu barci ne ba su da labari.

Kada a ce na raina mafarki. A mafarki aka nuna wa Abdullahi bin Zaid kalmomin kiran salla, amma sai da Manzon Allah (SAW) ya tabbatar sannan Bilal ya kira. Azumi kuwa an rataya shi ga ganin wata. A Larabci kalmar ganin ido da kalmar mafarki tushensu ɗaya, harafin ƙarshe ya raba su, kuma shari'a ta ɗauki ta ido. Shi ya sa ranar 29 ga Sha'aban za ka ji mutane sun fita duban wata a Sudair da Tumair, can yankin Riyad, a jira sanarwar Kotun Ƙolin Saudiyya. Ba a taɓa ɗaukar azumi don wani ya yi mafarkin jinjirin wata ba. Watanni 12 ne a wurin Allah, in ji Suratut Tauba, kuma ayar da ke biye ta zargi mutanen jahiliyya da suke jinkirta wata mai alfarma don ya dace da buƙatarsu.

A nan nake jin tsoro, domin da yawanmu a garin nan muna bin kalandar yaron nan ba tare da mun sa mata suna ba. Dare ya zama rana, musamman da azumi. Azahar ta faɗa tsakiyar barci, a tashi a haɗa ta da la'asar, a ce ai an ɗauke alƙalami ga mai barci. Gaskiya ne an ɗauke. Annabi (SAW) da sahabbai ma barci ya taɓa kwashe su a hanyar dawowa daga Khaibar har rana ta fito, suka yi sallar da suka farka. Amma ku duba, sai da aka sa Bilal gadin alfijir kafin a kwanta, barci ɓarawo ya sace shi shi ma. Wannan daban, wanda kullum yake kwanciya bai sa ƙararrawa ba, bai ce wa kowa ya tashe shi ba, shi ma daban. Ga shi kuma muna maƙwabtaka da masallacin da salla ɗaya a cikinsa ta fi dubu 100 a waninsa, mutane suna sayar da gona su zo su same ta.

Na ce wa yaron neman halal ibada ce, barcinsa ma haƙƙin jikinsa ne, amma ya yanka shi biyu, azahar a tsakiya. Ya ce to, Kawu. Yau na buga masa waya ana saura kaɗan a kira salla, sai a bugu na huɗu ya ɗauka, murya can ƙasa, ya ce, "Kawu, ina kwana."