Kanada: Dala 200 don rayuwa, kwana 90 don mutuwa

A watan Maris na 2025 kwamitin Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da haƙƙin naƙasassu ya faɗa wa Kanada ƙarara cewa ta soke sashen dokarta da ya halatta wa likita ya yi wa mutumin da ba ya kan gargara allurar mutuwa bisa roƙonsa. Gwamnati ta yi kunnen uwar shegu. Ga shi kuma an sa Maris na 2027 a matsayin lokacin da za a shigar da waɗanda ciwonsu na taɓin hankali ne kawai cikin dokar.

Na san mai karatu zai ce rai na Allah ne, magana ta ƙare. Haka ne. Amma ko da ma'aunin masu dokar aka auna, akwai zalunci a ciki.

Da aka fara aiki da dokar a 2016, sharaɗin shi ne a ga alamar mutuwar mutum na tafe. A 2021 aka cire shi. Yanzu mai naƙasa mai tsanani wadda ba ta warkewa, idan ya ce wahala ta ishe shi, za a duba lamarinsa na aƙalla kwana 90, likitoci ko manyan nas-nas biyu su sa hannu. A 2023 mutum 15,343 suka mutu ta wannan hanya, 622 daga cikinsu ba a ga mutuwarsu na kusa ba.

Hujjar masu goyon baya kullum ɗaya ce: wai 'yancin zaɓi. Wane irin zaɓi? Tallafin naƙasassu da gwamnatin tarayya ta fara biya a 2025 bai wuce dalar Kanada 200 a wata ba a lokacin, a ƙasar da kuɗin hayar ɗaki ya ninka hakan sau da yawa. Christine Gauthier, tsohuwar soja da ta wakilci Kanada a wasannin naƙasassu na duniya a 2016, ta shaida wa kwamitin majalisa a 2022 cewa ta yi shekaru tana neman a sa mata abin hawa da keken guragu a gidanta, sai ma'aikacin hukumar tsofaffin sojoji ya yi mata tayin mutuwa. Wanda aka hana gida da mai jinya da maganin raɗaɗi, sannan aka miƙa masa takarda ya sa hannu, tura shi aka yi. Lafiyayyen da ya ce ya gaji da duniya rufa masa ake yi da lallashi da magani. Me ya sa mai keken guragu idan ya faɗi haka sai a ɗauko biro?

Masu cewa matakan kariya sun wadatar ba su taɓa zama gaban likitan da ya riga ya yanke a ransa cewa rayuwarsu ba ta da amfani ba.

A soke sashen 2021, a fasa shirin 2027. Kada ma'aikaci ya ƙara ɗauko zancen mutuwa da kansa. Ƙungiyoyin naƙasassu irin su Inclusion Canada sun kai ƙara kotun Ontario tun Satumba na 2024, kuma bai kamata gwamnati ta jira sai alƙali ya tilasta mata ba.