A ɗaga wa majinyaci ƙafa kafin a sayar da gidansa

Ranar 4 ga Mayu, 2021, wata doka ta fara aiki a Ingila da Wales wadda ke ba wanda bashi ya yi wa katutu sararin kwana 60. A cikin waɗannan kwanaki ba a ƙara masa kuɗin ruwa ko tara, ba a matsa masa da kiran waya, hukuncin da kotu ta riga ta yanke ma sai a jingine zartar da shi. Idan kuwa mutumin yana jinyar taɓin hankali mai tsanani, kuma ƙwararre ya tabbatar, sassaucin zai ɗore har ya gama jinya, a ƙara masa kwana 30. Bashin yana nan a wuyansa, lokaci kawai aka ba shi.

Ni a ganina dokar ta gaza a wuri guda, domin mai ciwon daji ko ciwon ƙoda kwana 60 ɗin nan kawai yake samu kamar kowa. Duk da haka ta fi abin da muke da shi a Najeriya nesa ba kusa ba.

A nan, tun 1 ga Agusta, 2020, Babban Bankin Najeriya ya ba bankuna damar bin lambar BVN su cire kuɗi daga duk wani asusun da mai bashi ke da shi a wani banki, muddin ya sa hannu a kan haka lokacin karɓar rance. An yi tsarin ne don maganin masu cin bashi su sauya banki, kuma da hujjarsa. Sai dai kwamfuta ba ta san gadon asibiti ba. Ka ɗauki magidanci a Gashuwa, inda ciwon ƙoda ya daɗe yana addabar jama'a. Ana yi masa wankin ƙoda, shagonsa a rufe, 'yan'uwa sun yi karo-karo sun tura masa kuɗin magani. Kafin gari ya waye an zare su. A ƙasar da fiye da kashi 70 cikin 100 na kuɗin jinya daga aljihun mutane yake fitowa, wannan kuɗin shi ne numfashinsa.

Kuma ba sai mun je Landan koyo ba. Aya ta 280 a Suratul Baƙara ta yi umarni a jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci har ya samu sauƙi. Malaman Malikiyya sun daɗe da bambance mai hali da ke taurin bashi da wanda aka tabbatar ba shi da shi, na farko ake matsa wa.

Na san mai bin bashi shi ma yana da haƙƙi. Ba kullum banki ba ne. Wani lokaci bazawara ce da ta ranta jarinta, ko ƙungiyar adashin ma'aikata. Mun kuma sha ganin manyan masu bashi da ciwo ke kamawa ranar zaman kotu. Shi ya sa bai kamata a bar abin ga tausayin alƙali kaɗai ba, yau a ji ƙan wannan, gobe a kori wancan. Ya kamata Majalisar Tarayya ta rubuta shi a doka: likitan asibitin gwamnati ya ba da shaida, mai bin bashi ya samu damar ƙalubalantarta, kotu ta riƙa sake duba lamarin bayan 'yan watanni, kuma a hana majinyacin sayar da kadarar da ya jinginar a tsawon lokacin.

Abu ɗaya da ba zan sassauta a kansa ba shi ne kuɗin ruwa. Idan aka dakatar da gwanjon gida amma ruwa ya ci gaba da hauhawa, mutum zai tashi daga jinya ya tarar bashin ya fi ƙarfin gidan. Ranar da kotu ta ce a dakata, ranar ya kamata lissafi ya tsaya, a kuma cire asusun majinyacin daga tsarin cire kuɗi kai tsaye har wa'adin ya cika.