Wanda ya sauya sheƙa, ya bar kujerar a inda ya same ta

A takardar ƙuri'ar da INEC ke miƙa wa mai zaɓe a Najeriya babu sunan ɗan takara, babu hotonsa. Tambarin jam'iyya ne kawai, ko tsintsiya ko lema ko waninsu, a nan ake dangwala yatsa. Shi ya sa duk ranar da gwamna ya tara 'yan jarida ya ce ya sauya sheƙa, tambayar da ya kamata a fara yi masa ita ce: kujerar da ka tafi da ita, ta wa ce?

A 2025 gwamnan Delta, Sheriff Oborevwori, ya bar PDP ya koma APC, na Akwa Ibom da na Enugu suka bi sahu. Babu wanda ya rasa ko da jiniya ɗaya a ayarin motocinsa. Dalili kuwa, sashe na 68 na tsarin mulkin 1999, wanda ya ce mai sauya sheƙa ya rasa kujerarsa, 'yan majalisar tarayya ya ɗaure, sashe na 109 kuma 'yan majalisun jihohi. Gwamna da shugaban ƙasa ba su shiga ciki ba. Su ma 'yan majalisar an bar musu ƙofar baya: idan jam'iyyarsu ta rabu gida biyu, suna iya fita da kujerarsu. To wace jam'iyya ce a Najeriya ba za a iya haddasa mata rikicin shugabanci cikin mako guda ba? Kuma kakakin majalisa ne ke bayyana cewa kujera ta zama babu kowa, shi kuwa sau da yawa jam'iyyarsa ce ta yi baƙin.

Ba haka aka saba ba tun fil azal. A 1983, bayan rikicin 'yan santsi da 'yan taɓo ya raba PRP, Abubakar Rimi ya koma NPP don neman wa'adi na biyu. Sai ya ajiye muƙamin gwamnan Kano, mataimakinsa Abdu Dawakin Tofa ya hau. Ya shiga zaɓe, ya sha kaye a hannun Sabo Bakin Zuwo na PRP. Kowa da ra'ayinsa a kan siyasar Rimi, amma a wannan gaɓar ya mayar wa Kanawa abinsu ya ce su sake zaɓa.

Masu kare sauya sheƙa suna da hujja, ba kuma ƙarama ba ce. Sukan ce da gwamnoni biyar na PDP, ciki har da Kwankwaso da Wamakko, ba su koma APC a 2013 ba, da wuya a kayar da jam'iyya mai mulki a 2015. Sukan ce kuma akwai ɗan siyasar da uwar jam'iyya ke zalunta, a hana shi takara da ƙarfin tsiya. Duka gaskiya ne. Amma ba wanda ya ce a hana shi tafiya. Abin da nake cewa shi ne ya tafi, ya koma gaban jama'a.

A Ghana an ga yadda hakan ke aiki. Tsarin mulkinsu na 1992 ya ce ɗan majalisar da ya bar jam'iyyar da aka zaɓe shi a cikinta ya rasa kujera. A 2020 ɗan majalisar Fomena, Andrew Asiamah Amoako, ya ɓata da jam'iyyarsa, NPP ta Ghana, ya tsaya a matsayin ɗan takara mai zaman kansa. Aka karɓe kujerarsa, mutanen mazaɓarsa suka sake ba shi a zaɓen Disamba. Da NPP da abokiyar hamayyarta NDC suka tashi da kujeru 137 kowaccensu, shi ne ya zama raba gardama, kuma babu mai cewa da ƙuri'ar wani yake taƙama.

Doka kaɗai ba ta gyara hali, wannan sananne ne. Indiya ta kafa dokar hana sauya sheƙa tun 1985, ta ƙara tsaurara ta a 2003, amma a 2019 'yan majalisar jihar Karnataka suka yi ta murabus har gwamnati ta faɗi. Sai dai ko a can, dole suka sake neman ƙuri'a a zaɓen cike gurbi.

Tushen ciwon a nan shi ne 'yan jam'iyya ba su ke ciyar da jam'iyyarsu ba. Gwamna ne ke biyan hayar ofis, shi ke ɗaukar nauyin taro, don haka ranar da ya tashi, shugabannin jam'iyya tun daga jiha har gunduma sukan bi shi. Gyaran wannan zai ɗauki shekaru. Wanda za a iya yi yanzu shi ne a faɗaɗa sashe na 68 da na 109 su haɗa da gwamna da shugaban ƙasa, a toshe ƙofar rabuwar jam'iyya, a kuma cire hukuncin daga hannun kakaki a mayar wa kotu da wa'adin yanke shi. Matsalar ita ce majalisar da za ta yi wannan gyara cike take da waɗanda suka ci moriyar rashinsa.