Peter Westbrook da yaran Asabar

Wasan takobi a Amurka wasan masu hannu da shuni ne. Hular kariya, rigar sulke, takobin kansa, kuɗin koci da na tafiya gasa, duk sai mai ƙumbar susa. Shi ya sa labarin Peter Westbrook, wanda ya rasu a watan Nuwamba na 2024 yana da shekara 72, yake ci gaba da tsaya mini a rai.

A gidajen marasa galihu na Newark, jihar New Jersey, ya tashi. Mahaifinsa baƙar fata ne tsohon soja, mahaifiyarsa Mariko kuwa 'yar Japan ce, ita ta rene shi. Da ta ga yaron nata ya fara zama ɗan dambe a titi, sai ta riƙa ba shi dala biyar don ya je koyon takobi. Dabarar uwa ke nan, ta san inda za ta kama ɗanta. Yaron ya zama zakaran Amurka sau 13, ya kuma ci lambar tagulla a gasar Olamfik ta Los Angeles a 1984.

Ni dai a ganina, ba tagullar nan ce babban abin da ya bari ba. A 1991 ya kafa gidauniya mai ɗauke da sunansa a birnin New York. Kowace Asabar da safe yara daga unguwannin talakawa kan cika zaure, a ba su kayan wasa, a koya musu tsayuwa da sara da kariya. Kuma bai raba takobi da karatu ba, gidauniyar na da malaman da ke taya yaran darussan makaranta. Nan ne na fi jinjina masa, domin ya san cewa cikin ɗari ƙalilan ne za su kai ga lamba, sauran kuwa rayuwa ce ke jiran su.

Wani zai ce ai gara a kashe kuɗin a wasan da yara suka sani, kamar ƙwallo. Ban yarda ba. Ƙofar da aka rufe wa ɗan talaka ita ce ta fi cancantar a buɗe masa, kuma sakamakon ɗaliban gidauniyar a Olamfik ya nuna. Keeth Smart da ƙanwarsa Erinn sun ci azurfa a Beijing a 2008. Daryl Homer ya ci azurfa a Rio a 2016. A wannan gasar ce Ibtihaj Muhammad ta hau filin da hijabinta, Ba'amurkiya ta farko da ta yi haka a Olamfik, ta koma gida da tagulla. Iyayenta sun zaɓa mata takobi ne saboda kayan wasan suna rufe jiki ruf.

Wata huɗu kafin rasuwarsa, wata ɗalibar gidauniyar, Lauren Scruggs, ta ci azurfa da zinariya a gasar Olamfik ta Paris.